Kantun Gyaɗa a Ƙasar Dandi

Duk wanda ya taɓa sauka a tashar motar Gaya, ko kuwa ya tsaya a bakin hanyar da ta nufi Malanbil yana jiran ma'aikatan duwan su sallami motarsa, ba zai rasa ganin 'yan mata masu talla ba, kowace da faranti a ka, a cikin farantin ga kwalabe cike da gyaɗa mai sukari, ga kuma yankakken kantu an jera shi ɗaya bisa ɗaya, wani na riɗi, wani na gyaɗa, irin wanda mutanen Nijeriya ke kira hallaka kwabo ko kantun gana, na ƙetaren kogi kuma su ce konkada. Da yake abin na dala biyar ne ko dala goma, yaro ya saya da canjin aike, babba ya saya ya sa aljihu don kada a gan shi yana tauna a kan hanya, ba safai mutum kan tsaya ya tambayi kansa yaushe wannan abu ya shigo mana ba, balle ya bincika ta wace ƙofa ya shigo. In ma ka tambaya, amsar da za a ba ka ita ce gadon kaka da kakanni ne, haka muka tashi muka tarar. Alhali kuwa gyaɗar da sukarin duka biyu baƙi ne a ƙasar nan, kowannensu ya yi tafiyar da ta fi ta kowane falke nisa kafin su gamu a cikin kaskon wata mata a bayan ɗaki, kuma gamuwar tasu, in aka auna ta da shekarun garin Gaya, ba ta daɗe ba ƙwarai.

Mutanen da can sun san zaƙi, sun kuma girmama shi fiye da yadda muke yi, domin a wurinsu abu ne mai wuyar samu. Uwar zaƙi a wancan zamani ita ce zuma, wadda Allah Ya ambace ta da waraka a cikin Suratun Nahli, kuma ya tabbata a cikin Bukhari, daga Nana A'isha, Allah Ya ƙara mata yarda, cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya kasance yana son zuma da kayan zaƙi. Saboda haka malamanmu ba su taɓa ɗaukar son zaƙi aibi ba, matuƙar bai kai ga israfi ba. Sai dai ita zuma sai an rataya amya a kan itace, an jira wata da watanni, an hau da dare an sha harbi, sa'an nan a sami abin da bai fi cikin gora ba, wanda kuma magani da sarauta za su raba a tsakaninsu. Wanda bai sami zuma ba sai ya koma ga abin da daji ya ba shi: ɗinya, wadda ake jiƙawa a tace a dafa ruwanta har ya zama maɗi, in an ƙara masa wuta ya zama alewa, da garin ɗorawa, da kanya, da goriba, da 'ya'yan giginya, wadda Allah Ya hore wa kwarin Mauri kurminta har ya zama abin alfahari, da takanɗar da yara ke sha a gona lokacin kaka. Dabino kuwa sai Buzaye sun sauko da shi daga Asben, kuma ba kowane gida ke ganinsa ba sai da azumi. Nakiya da alkaki, waɗanda ke shan zuma da yawa, kayan gara ne da na sarakuna, ana yinsu don ranar da za a nuna wa surukai cewa yarinya daga gidan mutunci ta fito. Zaƙi a wancan lokaci yana da ranakunsa da dalilansa, yaro ba ya tashi da safe ya ce a ba shi kuɗin alewa.

Ita ƙasar Gaya tun asali da gishiri aka san ta. A kwarin Foga, wanda ya gangaro ya haɗu da na Mauri kafin su kai Kwara, mutane sun daɗe suna kankare ƙasa mai gishiri, su zuba a kwando su kwarara mata ruwa, su tari abin da ya tsiyayo su dafa har ya ƙafe, sa'an nan su cura shi su ɗaure don fatake. Bature ɗan Jamus Heinrich Barth, wanda mutanenmu suka sani da Abdulkarimu, ya ratsa kwarin a 1853 yana kan hanyarsa ta zuwa Sayi da Tambutu, ya ga wannan aiki da idonsa ya rubuta. Ta wannan yanki kuma ayarin fataken goro ke ƙetare kogi, waɗanda suka taso daga Kano da Sakkwato da Jega, su bi ta Kandi da Jugu har Salaga ta ƙasar Gwanja, su kwana watanni a hanya da jakunansu, guzurinsu gari da ƙuli-ƙuli da dakuwa da duk abin da ba ya lalacewa. Na kawo maganar gishiri ne don wani dalili: al'ummar da ta gaji zama gaban tukunya tana kallon ruwa yana kauri, ta san daƙiƙar da za a janye itace da daƙiƙar da za a juye, ba ta bukatar malami ranar da aka miƙa mata sukari. Ilmin wuta yana nan tun tuni, kayan dafawar ne suka makara.

Shi rake asalinsa tsibiran gabas ne masu nisa, wajen Sabuwar Gini. Mutanen Hindu ne suka fara gano yadda ake dafa ruwansa har ya zama ƙwaya, daga Hindu ya shiga Farisa, daga Farisa kuma Musulmi suka ɗauke shi tare da sauran fannonin hikima suka kai shi Sham da Misira da Sikiliya da Andalus da kudancin Maroko, har ya zama a wani zamani Turawa ba su san sukari ba sai a hannun 'yan kasuwar Musulmi, suna sayensa kaɗan kaɗan a matsayin magani. A nan ne labarin ya fara taɓa ƙasar Dandi, ta wata hanya da mai tallan kantu ba za ta taɓa zato ba. Sarkin Marrakush Ahmadu al-Mansur, wanda ya yi mulki daga 1578 zuwa 1603, yana da gonakin rake da wuraren matsa shi a Sus da Shishawa, 'yan kasuwar Ingila suna zuwa suna sayen sukarinsa suna kawo masa tufafi da makamai, har al-Ifrani, mai littafin Nuzhatul Hadi, ya hikaito cewa marmarar da aka gina fadarsa ta Badi'u da ita an saye ta ne daga Italiya da sukari, awo da awo. Wannan sarki shi ne ya aiko da runduna ƙarƙashin kwamandansa Judar ta ƙetare Sahara da bindigogi, ta karya sarkin Songai Askiya Is'haƙa na biyu a Tondibi a shekarar 1591, wadda ta yi daidai da 999 ta Hijira. Waɗanda suka tsira daga gidan sarautar Songai suka gangaro kudu tare da kogi zuwa Dandi, inda Askiya Nuhu ya yi shekaru yana yaƙin sari ka noƙe da mutanen Maroko a cikin dazuzzuka da fadamu, kamar yadda Sa'adi ya ba da labari a Ta'rikhus Sudan. Wataƙila Dandawan da suka fuskanci waɗancan bindigogi ba su taɓa ɗanɗana sukarin da ya taimaka wajen sayensu ba.

Rake kansa ya shigo fadamun ƙasar Hausa tun kafin jihadi, ana shansa ɗanye. Masu tarihin Sakkwato suna lissafa Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, wanda ya rasu a 1837, cikin waɗanda suka ƙarfafa nomansa da dafa ruwansa, tare da sauran sana'o'in da ya kwaɗaitar da jama'a a kansu a garuruwan ribaɗi, kuma shi Abdulkarimu ɗin nan ya ga gonar rake kusa da Sakkwato, aka gaya masa mai gonar har sukari yake yi. Amma mazarƙwaila ba ta zama abin talaka ba sai a rabin farko na ƙarni na ashirin, lokacin da injunan ƙarfe masu matsa rake, waɗanda doki ke juyawa, suka bazu a ƙasar Zazzau, wajen Maƙarfi da maƙwabtanta, musamman a shekarun Yaƙin Duniya na Biyu da sukarin Turai ya yi wuya. Daga can take tafiya kasuwa kasuwa, baƙa-baƙa, curi curi, har ta iso Kamba da Gaya, mata su sa a kunu da fura, yara su lasa.

Gyaɗa kuwa daga yamma ta zo, daga bayan teku. Asalinta Amurka ta Kudu ne, wajen ƙasashen da ake kira Bolibiya da Faragwai da Barazil a yau, kuma jiragen Fotugis ne suka kawo ta gaɓar Afirka ta Yamma a ƙarni na sha shida, a zamanin da waɗannan jirage ke kwasar 'ya'yan ƙasar nan suna kai su gonakin rake. Manomanmu ba su yi mata ƙyuya ba, domin sun riga sun saba da gujiya, wadda ita ma a cikin ƙasa take 'ya'ya, sai suka ga ga wata mai sauƙin noma, mai son jigawa, ga ta kuma da mai. Shekaru ɗaruruwa ta zauna a matsayin abin gefen gona, mata su soya, su matse mai, su yi ƙuli-ƙuli da tunkuza, harawar kuma a ba dabbobi. Zuwan Turawa ne ya ɗaga ta daga gefen gona ya mai da ita kuɗi. Yarjejeniyar da Faransa da Ingila suka ƙulla ranar 14 ga Yuni 1898 ta bar Illo a hannun Ingilishi, Gaya ta faɗa rabon Faransa, aka tsaga ƙasar da take ɗaya, mai harshe ɗaya da auratayya ɗaya. Can gabas jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, kakar 1912 kuma gyaɗa ta cika tashar har aka rasa taragun ɗauka, daga nan aka shiga zamanin dalar gyaɗa da su Alhasan Ɗantata. A ɓangaren Faransa kuwa lanho ne ya yi aikin da jirgi ya yi a can, domin tun da aka ce kowane kai sai ya biya da kuɗi, kuɗi kuma ba ya tsira a gonar hatsi, dole talaka ya ware wa gyaɗa fili, ya noma wa masu matse mai na Marsai da Bordo abin da ba shi ne zai ci ba.

Da farko gyaɗar Maraɗi da ta Damagaram ta Kano take fita, ta bi jirgi zuwa Ikko. Faransawa ba su ji daɗin ganin kuɗin dako yana shiga aljihun Ingilishi ba, saboda haka a farkon shekarun 1950 suka tsara abin da suka kira Hirondelle: manyan motoci su kwaso gyaɗa daga gabashin Nijar su biyo ta Doso da Gaya, su ƙetare kogi, su yi tafiyar fiye da kilomita 300 zuwa Faraku, inda layin dogon da ya taso daga Kwatano ya tsaya tun shekarun 1930 bai ƙara gaba ba, su sauke, sa'an nan su komo da kayan da jiragen ruwa suka kawo. A 1958 aka gama gadar Gaya da Malanbil, a 1959 aka kafa hukumar sufuri ta haɗin gwiwar Dahome da Nijar, a 1962 kuma gwamnatin Diori Hamani ta kafa kamfanin SONARA ta ba shi ikon sayen gyaɗar ƙasa da fitar da ita, a lokacin da gyaɗa ce fiye da rabin abin da Nijar ke sayarwa a waje. Motar da ta gangara da buhunan gyaɗa ba ta komowa wofi: siminti take ɗaukowa, da atamfa, da kananzir, da garin alkama, da sukari, na kwali da na buhu. A ganina nan ne ainihin mafarin kantun gyaɗa a matsayin sana'ar kullum a wannan gari, domin abu uku ne suka haɗu a wuri guda, waɗanda ba su taɓa haɗuwa ba a da: gyaɗa mai yawa tana gangarawa, farin sukari mai araha yana haurowa, ga kuma ɗaruruwan direbobi da yaran mota da 'yan dako da matafiya suna kwana a bakin iyaka da 'yan silalla a aljihu, suna jiran takarda. Turawa sun gina hanyar don masu matse mai, matan Gaya suka zauna a gefenta suka tsinci rabonsu.

Yadda ake aikin ya cancanci a tsaya a kansa, domin mai saye yana ganin abu ne na wasa. Kantun gyaɗa tun daga tsintar gyaɗa yake farawa: a baza ta a faifai a fitar da ruɓaɓɓiya da mai baƙin ciki da wadda ta tsiro, domin ƙwara ɗaya mai ɗaci tana iya kore maka mai saye har abada. A soya ta a kasko da rairayi mai tsabta, ana juyawa ba ƙaƙƙautawa har ɓawon ya fara tsagewa, a tankaɗe rairayin, a bar ta ta huce, a murje ta tsakanin tafuka, a sheƙe jan ɓawon, sa'an nan a ɗan ɓarza ta da kwalba ko a turmi, ba a kai ta ga laushi ba, kada mai ya fito. Kafin a ɗora sukari sai an shirya komai a kusa da hannu, faranti ko katako an shafe shi da man gyaɗa, kwalbar murzawa ita ma an shafe ta, wuƙa tana gefe, domin daga lokacin da sukari ya narke ba sauran tashi neman wani abu. A zuba sukarin a busasshiyar tukunya a kan wuta marar ƙarfi, a ɗiga masa ruwan lemun tsami, ya fara narkewa daga gefe, ya zama ruwa, ya yi fatsi-fatsi, ya juya zuwa launin zuma. Tsakanin wannan launi da ƙonewa kuwa bai fi 'yan numfashi ba. A nan ne za ka ji uwa ta ce da 'yarta, ba tare da ta ɗaga ido daga tukunya ba, "Ke 'yar nan, janye itacen nan, ba ki jin ƙauri?" Yarinya ta ce, "To, Inna," ta janye, uwar ta juye gyaɗar gaba ɗaya, ta gauraya da muciya da ƙarfin dantse, ta kife a kan faranti, ta bi da kwalba tana murzawa har ya baje ya yi kauri ɗaya, ta ɗauki wuƙa ta tsaga shi tun yana da zafin da zai iya tayar da bororo a yatsa. In ta yi jinkiri ya sandare, wuƙa ba ta shiga, sai dai a farfasa, farfasasshe kuwa na yaran gida ne, ba ya zuwa kasuwa.

Gyaɗa mai sukari, wadda ake ɗurawa a kwalba, hanyarta dabam ce, har ma ana iya cewa kishiyar waccan ce. Ita ɗanyar gyaɗa ake sawa da jan ɓawonta, awo biyu na gyaɗa, ɗaya na sukari, da ruwa kaɗan, a dafa su tare ana juyawa har ruwan ya ƙafe, sukarin ya koma ya bushe ya zama gari-gari ya lulluɓe kowace ƙwara. Wanda bai sani ba sai ya ce abin ya ɓaci, alhali nan ne rabin aiki, domin sai an rage wuta an ci gaba da juyawa har wani sashe na garin ya sake narkewa ya yi ƙyalli ya kama jikin gyaɗar. Ba a sa mata lemun tsami, kuma akwai hikima a ciki wadda masana kimiyya suka bayyana daga baya: tsami yana raba sukari gida biyu ya hana shi komawa ƙwaya, shi ya sa mai kantu da mai alewa ke nemansa, ko lemu ko tsamiya, mai gyaɗa mai sukari kuwa take gudunsa. Masu dafa alewa na Turai suna tsoma ma'aunin zafi a tukunya, su ce a wajen digiri 115 sukari yake curuwa da laushi, a wajen 150 yake karyewa ƙaras, ya wuce 160 kuma ya fara ja. Matan Gaya suna sanin waɗannan matakai da ido da hanci, in sun yi shakka su ɗiga ɗigo ɗaya a ƙoƙon ruwan sanyi su taɓa da yatsa. Sun kuma san abin da ma'auni ba ya faɗa, wato cewa garinsu, da yake ya fi kusan ko'ina a Nijar ruwan sama, wajen milimita 800 a shekara, ga kuma raɓar kogi, maƙiyin kantu ne da damina, domin sukari yana jan laima ya yi danƙo ya manne da leda. Lokacinsa na gaskiya shi ne daga kaka zuwa hunturu, sa'ad da gyaɗa take sabuwa, iska kuma busasshiya.

Wannan dabara ba mu kaɗai muka same ta ba. A Faransa ana danganta irinta ga mai dafa abincin wani babban hafsa, Marshal du Plessis-Praslin, wanda ya rasu a 1675, ana cewa shi ya fara lulluɓe 'ya'yan lauzu da narkakken sukari, garin Montarji kuma har yau yana alfahari da ita da sunan pralin. Da Faransawa suka zauna a Luwiziyana, a bakin kogin Misisipi, ba su sami lauzu ba, sai suka tarar da wani itace na ƙasar mai suna pikan, mai 'ya'ya masu mai. A 1795 Etienne de Boré ya yi nasarar mai da ruwan rake ƙwayar sukari a gonarsa kusa da Niyu Oliyans, gonakin rake suka cika ƙasar da bayi, a wajen 1846 kuma wani bawa mai aikin lambu, wanda tarihi bai riƙe komai daga sunansa ba sai Antoine, ya gano yadda ake aurar da itacen pikan don a sami iri mai kyau. Waɗanda suka mai da pralin sana'a a titunan wancan birni baƙaƙen mata ne, bayi da 'yantattu da 'ya'yansu, suna dafawa a gida da jan sukari, daga baya aka riƙa ƙara madara da man shanu, suna zama da kwandunansu a bakin kasuwa da ƙofar majami'a. A Barazil ma akwai irin wannan na gyaɗa da curin jan sukari mai kama da mazarƙwaila, kuma daga Barazil ɗin ne 'yantattun bayi, waɗanda ake kira Aguda, suka komo gaɓar Dahome da Ikko a ƙarni na sha tara, musamman bayan tawayen Musulmin Bahiya na 1835, da girke-girkensu da fasahar gininsu. Ban ga wajibcin a ce lalle wannan daga wancan ya koya ba. Duk inda sukari ya yi araha, aka sami ƙwaya mai mai, aka kuma sami mace mai ƙaramin jari da bakunan da za ta ciyar, wannan sana'a takan tsiro, domin ba ta bukatar shago ko inji, kayanta ba sa lalacewa da wuri, ribarta kuma tana dawowa kafin magariba.

A wurinmu shari'a ma ta ba sana'ar gindin zama. A mazhabar Imamu Malik dukiyar mace tata ce, ciyarwa da tufatarwa suna kan miji, saye da sayarwarta kuma ingantattu ne, abin da kawai aka iyakance mata shi ne kyautar da fiye da sulusin dukiyarta ba da izninsa ba. Saboda haka ribar kantu ba ta shiga kuɗin cefane sai in ita ta so, adashi take shiga, daga adashi ta zama akuya, ko kwanonin jere, ko katifar 'ya mace. Gidaje da yawa da kaskon kantu aka yi wa 'ya'yansu kayan ɗaki, maigida yana zaune yana karɓar barka. Amma kada daɗin labari ya sa mu rufe ido ga abin da ke cikinsa na aibi. Matar da ba ta fita, ƙafarta ita ce 'yarta, kuma yarinyar da ke yawo da faranti a tsakanin manyan motoci, a garin iyaka inda baƙo ke kwana ya wuce ba wanda ya san sunansa, a lokacin da sa'o'inta ke makarantar boko ko ta allo, ita ce ke biyan wani kaso na wannan riba da abin da ba ya dawowa. Malamai sun yi wa'azi a kan talla, hukuma ta yi magana, amma wanda bai kawo wa uwar wata hanyar kai hajarta kasuwa ba bai gama magana ba.

Zamanin gyaɗa na gwamnati bai yi tsawon rai ba. Farin 1973 ya karya manoma, cutar kuturtar gyaɗa ta 1975 ta ƙarasa abin da fari ya bari, ƙarfen yuraniyom na Arlit ya maye gurbinta a lissafin baitulmali, manoma suka koma ga hatsi da wake, SONARA kuma bai kai ƙarshen ƙarnin ba. Gyaɗa ta koma inda ta fito, hannun mata masu ƙuli-ƙuli da mai da kantu, waɗanda tun farko ba su dogara da farashin Marsai ba. Abin da ya rage mai ban takaici shi ne al'amarin sukari. Fadamun Bengu da Bana da Yelu, har zuwa Junju, suna fid da rake mai kauri, ana loda shi a motoci da sanyi a kai Doso da Yamai, a feƙe a yanka gaɓa gaɓa a sha a tofar da tuƙa. Sukarin da ake narkawa a gidajen da ke kallon waɗannan fadamu kuwa daga bayan teku yake zuwa, galibinsa na Barazil, ko dai ya sauka a Kwatano, ko kuwa a tace shi a Ikko ya biyo ta Kamba. Saboda haka duk abin da ya sami iyaka sai ya sami kaskon kantu. Da aka karya darajar sefa da rabi a Janairun 1994, kuɗin kayan waje ya tashi a dare ɗaya. Da Nijeriya ta rufe iyakokinta daga Agustan 2019 zuwa Disamban 2020, hanyar Kamba ta koma ta 'yan babur da dare. Bayan juyin mulkin 26 ga Yuli 2023 kuma aka toshe gadar kanta, manyan motoci suka yi layi a Malanbil, mutane da buhuna suka koma ƙetarewa da kwalekwale yadda ake yi kafin 1958, kuma ko da ƙungiyar ƙasashen Afirka ta Yamma ta ɗage takunkuminta a Fabrairun 2024, Nijar ta ci gaba da rufe nata ɓangaren. Mai kantu ba ta da ikon ƙara kuɗi, domin silallar da ke hannun yaro ita ce dai dala biyar ɗin nan, babu wata tsakaninta da dala goma da za a ce ya kawo. Abin da ke hannunta shi ne wuƙa da kwalba, sai ta ƙara murza shi ya yi falle, ta matso da tsagar kusa da juna, farantin da a da yake fid da yanka talatin ya fid da arba'in, in sukari ya ƙara tashi kuma ta rage shi ta ƙara gyaɗa, har iyakar da in ta wuce ta kantun ba zai kama jikinsa ba.